Ta yaya manomi zai sauke Littafi Mai Tsarki cikin shekara ɗaya?

Ɗan mawaƙa, Sumaila:
Salama a gare ku, iyaye da 'yan'uwa. Matasan majami'armu na son karanta Littafi Mai Tsarki daga Farawa har Wahayin Yahaya a shekara ɗaya, kuma kusan duk manoma ne. Sura nawa ya kamata a riƙa yi kullum? Da wane littafi za a fara? In damina ta kankama aka sha kwanaki ba a buɗe ba, sai a yi yaya?

Malamin makarantar Lahadi, Tudun Wada:
Ɗan'uwa, lissafin ba shi da wuya. Littattafai 66 ne, surori 1,189: Tsohon Alkawari 929, Sabon Alkawari 260. ('Yan Katolika nasu 73 ne, sai su ƙara kaɗan.) In an raba da kwana 365, sura uku ne da ɗoriya. Tsarin da aka saba shi ne uku kullum, biyar ranar Lahadi.

Amma wannan tsarin na mai albashi ne, wanda Janairunsa da Agustansa ɗaya. Ku bi shekarar gona. Daga 1 ga Yuni zuwa ƙarshen Oktoba kwana 153 ne, ku yi sura biyu kullum, 306 ke nan. Sauran kwana 212 na rani ku yi huɗu, Lahadi shida. Za ku gama har da rarar sura ashirin da 'yan kai. Ku fara a Nuwamba in dawa ta kusa shiga rumbu, kada ku jira sabuwar shekara. Masu noman rani a Kadawa ko fadamar Haɗeja sai su juya lissafin daidai da nasu aikin.

Dattijon ikkilisiya, Rogo:
Malam ya yi daidai, sai dai ba yawan sura ke kayar da yara ba, inda surorin suke ne. Farawa 50, Fitowa 40, labari ne mai jan hankali, wata guda an wuce su. Daga Fitowa 25 awon alfarwa ya fara: kamu kaza, labule kaza. Sai Littafin Firistoci, sura 27 na hadayu da dokokin tsarki, sai Ƙidaya ya buɗe da ƙirgen kabilu. A nan ne tsinken da aka sa alama da shi yake kwana wata shida a shafi ɗaya.

Maganinsa a riƙa ɗebo daga wuri biyu. Da rani uku daga Tsoho, ɗaya daga Sabo. Da damina ɗaya nan, ɗaya can, in Sabon ya ƙare sai duka su koma Tsoho. Sabon ku fara da Markus, sura 16 ne, kuma ba ya jan magana. In kun isa Firistoci ku haɗa shi da Ibraniyawa, domin shi ne ke bayyana abin da babban firist da jinin hadaya suke nufi. Zabura kuma kada a cinye ta a jere, a ajiye ta ta zama abincin damina. Ku dai lura, ta 117 aya biyu ce, ta 119 aya 176. Wannan ta ishi yini guda ita kaɗai, kada a ɗora mata komai.

1 Tarihi sura 1 zuwa 9 sunaye ne zalla. A karanta da murya, a wuce, ba sai an haddace ba.

Mamar Zumuntar Mata, Roni:
Baba dattijo, a yi mini haƙuri in ƙara da abin da maza kan manta. Karatun dare bayan tuwo ba ya zuwa ko'ina: jiki ya mutu, fitilar sola ta dushe, aya uku mutum ya fara gyangyaɗi. A ɗaure karatun a jikin abin da ba a fashinsa, wato addu'ar asuba, kafin a kunce dabbobi ko a ɗora koko. Sura huɗu da murya ba ta cika wuce minti ashirin ba. Littafin ya kwana kusa da shimfiɗa cikin leda saboda yoyo da gara, ba a ƙasan akwati ba.

Wanda karatu bai zauna masa ba, ko ido ya yi rauni, akwai na saurare da Hausa. A sa masa a memorin waya ranar kasuwa in an kai caji, ba ya buƙatar data. Gida ɗaya kuma su riƙe fassara ɗaya. Hausar fassarar 1932 ta bambanta da ta sababbin bugu, har sunayen wasu littattafan, yara sai su rikice in ana karɓa-karɓa.

Malamin makarantar Lahadi, Tudun Wada:
Ɗan mawaƙa, na tsallake tambayarka ta ƙarshe. In an yi fashin kwana ɗaya ko biyu, a biya ranar Lahadi bayan sujada. In ya kai mako, kada a ce za a rama surorin makon duka a zama ɗaya, ba a yi, kuma kunyar bashin ce ke sa a bari gaba ɗaya. A ci gaba daga inda tsinke yake, ranar gamawa ta matsa. Shi ya sa takardar da za ku rubuta kada ta ɗauki kwanan wata. Ku ja layi a bangon littafin rubutu, sunan kowane littafi da lambobin surorinsa, wadda aka karanta a soke ta da biro. Ku kasu bibbiyu, kowa ya duba takardar ɗan'uwansa a ƙofar majami'a kafin a watse.