Hoton wasan opera yana ƙyaftawa, ina mafita?

Tambaya: Jama'a, don Allah me ke sa bidiyon opera (wasan kwaikwayo na waƙa) da aka ɗauka a Jamus ya riƙa ƙyaftawa, fuskar mawaƙa ta yi fari fat?

Amsa: Malam, wutar lantarkin Turai hatiz 50 ce, wato tana kai da komowa sau 50 a daƙiƙa, shi ke sa fitilun dandamali ƙyaftawa a bidiyo. Sa kyamara firam 25 a daƙiƙa, shota (tsawon lokacin da haske ke shiga kyamara a kowane firam) 1/50 na daƙiƙa, ƙyaftawar za ta ragu.

Amsa: Farin fuskar kuwa, otomatik na kyamara ne ke auna duhun dandamali, sai ya buɗe idon kyamarar fiye da kima. Kashe shi, ka auna hasken a kan fuska tun ranar gwaji.

Amsa: Ɗan'uwa, liƙe jar fitilar kyamara da tef, tana ɗauke hankalin makaɗa. Kuma ka samu mai bin takardar kiɗa ya faɗa maka kafin mai sarewa ya shigo, in ba haka ba kafin ka juyo da kyamara ya gama.