Musayar waƙa: Flaherty da kyamararsa a Samowa

Ɗan Fagge: Na kalli Moana na 1926, fim ɗin da Robert Flaherty ya ɗauka a ƙauyen Safune na Samowa, ba na katun ba. Ga buɗi, mai baki ya amsa.

Flaherty ya baro ƙasar ƙanƙara,
Ya ya da zango a Safune da kyamara,
Ya ɗauko masunta, da kwakwa, da yara,
Fim bebe ne, amma ka gani sai ka ƙara.

Gwaggo Ta-Zariya:
Ɗana, yabo kake wa abin da aka shirya,
Matan Safune na da riguna tun tuni, ban ƙarya,
Ya sa suka ɗaura zanen ɓawon bishiya,
Saurayin fim ɗin kuwa biyan shi ya yi don ya sha wuya,
Aka yi masa jarfa daga gwiwa har cibiya.

Na-Tudun Wada: Gwaggo ta gama magana! Fagge a kwashe tabarma.

Malam Mai Aruli: Hajiya, ma'ana ta yi, amma ɗango na biyu ya karye. Kuma an buɗe da ƙwar huɗu, kin zo da biyar.

Na-Tudun Wada: Malam, ɗangon Ɗan Fagge na ƙarshe da ke jan ƙafa ba ka gan shi ba? Ko don ɗan garinku ne?

Malam Mai Aruli: Shi tsawo ya yi, nata karaya ce. Ba ɗaya ba.

Ɗan Fagge:
Gwaggo, a kogo ya wanke fim ɗinsa,
Ya sha ruwan kogon, guba ta kama cikinsa,
Mai ƙarya ba ya sayar da lafiyarsa,
Ke kina kan kujera kina yanke hukuncinsa.

Gwaggo Ta-Zariya:
Ciwon ciki ba shaidar gaskiya ba ne, yaro,
Kamfanin Paramount ya zuba kuɗi, ba sadaka ba, ba aro,
Kai ma ruwan kogon ka sha, shi ya sa kake ɓaro-ɓaro.

Baƙon Damagaram: A gafarce ni, intanet ɗinmu ne sai a hankali.

Kun tsaya kan Flaherty, shi da dama-dama,
'Yan fim Martin Johnson da matarsa Osa suka je tsibirin Malekula da gaggawa,
Suka tallata mutane da sunan masu cin 'yan'uwa,
Tikiti ya ƙare a Amurka, aka sha tafawa.

Malam Mai Aruli: Baƙo, ka fara da "ma" ka koma "wa". Gyara amsa-amon kafin mu je Malekula.

Na-Tudun Wada: Malam, kai dai kawo baiti ɗaya naka mu auna.