Muhawara: Lungun bidiyon Bruce Nauman fasaha ce, ko rufa ido ne kawai?

Mai ɗaukar hoto: Assalamu alaikum. Ina so mu duba wani aiki na Bruce Nauman, mai fasaha Ba'amurke da aka haifa a 1941. A 1970 ya gina wani siririn lungu tsakanin bango biyu, faɗinsa kusan santimita 50, ya ɗora akwatunan talabijin biyu, ɗaya bisa ɗaya, a ƙarshensa. Akwati ɗaya yana nuna hoton lungun babu kowa, wanda aka naɗa tun da farko, ɗayan kuma yana haɗe da kyamarar da aka kafa a sama wajen mashiga. Duk wanda ya shiga ƙeyarsa zai gani, kuma yana matsowa kusa da akwatin hotonsa yana ƙara ƙanƙancewa. Ana cewa aikin yana tuhumar abin da ido ke ɗauka a matsayin gaskiya. Ni a ganina rufa ido ne, domin duk wanda ya san inda kyamarar take ya riga ya san amsar.

Malamar zane: Wa alaikumus salam. Malam, ban yarda ba. Mai rufa ido da ɓoye dabararsa yake cin abinci, ranar da aka gane ta kuwa kasuwarsa ta watse. Nauman bai ɓoye komai ba, kyamarar tana nan a fili, amma duk da haka mai tafiya a lungun yana rikicewa, saboda ƙafarsa tana gaya masa cewa yana kusantowa, idonsa kuma yana gaya masa cewa yana yin nisa. Ga kafaɗunsa suna gogar bango, ba shi da sararin da zai juya cikin sauƙi. Sanin dalili bai kawar da ruɗanin ba, kuma wannan ne abin da aikin yake nunawa.

Ɗalibin falsafa: Ina goyon bayan Malama, sai dai batun ya girmi Nauman nesa ba kusa ba. Tun a ƙarni na 11 masanin kimiyya Ibnul Haisam ya bayyana a littafinsa Kitabul Manazir cewa gani bai tsaya ga shigar haske cikin ido ba, akwai hukuncin da hankali ke yankewa cikin gaggawa, har ya ware sashe guda domin kurakuran gani. Bayan Nauman ma, wani mai fasaha Ba'amurke, Dan Graham, a 1974 ya yi ɗaki mai bangon madubi inda akwatin talabijin ke nuna mutum kamar yadda yake daƙiƙa 8 da suka wuce.

Mai ɗaukar hoto: To ai ka ƙarfafa hujjata, ɗan'uwa. Idan masana sun gama bayanin abin shekaru kusan dubu da suka wuce, wannan gwajin kimiyya ne da aka shigar gidan adana kayan fasaha. Da a ɗakin gwaji aka kafa shi, maimakon ya shiga tarin gidan adana kayan fasaha na Guggenheim, wa zai kira shi fasaha?

Tsohon ma'aikacin talabijin: Ku ba ni dama in kawo wata fuskar. A ƙarshen shekarun 1960 ne ƙananan na'urorin naɗar bidiyo na Sony suka fara isa hannun mutanen da ba ma'aikatan gidan talabijin ba, don haka ganin kanka kai tsaye a akwati baƙon abu ne a lokacin. Yau kuwa kyamarorin tsaro sun cika shaguna, kowa ya saba ganin bayansa a allo. Ina ganin aikin ya yi tasiri a zamaninsa, amma zamani ya rage masa kaifi.

Malamar zane: Baba, na karɓi rabin maganarka. Akwatin da ke nuna ƙeya wataƙila ya daina ba da mamaki. Amma ku duka kun tsallake ɗaya akwatin, wanda ke nuna lungun fayau alhali mutum yana tsaye a cikinsa. Hotuna biyu ne na wuri ɗaya, an ɗauke su daga kusurwa ɗaya, ɗaya yana shaida cewa kana nan, ɗaya yana musantawa, kuma babu wata alama a jikin allon da ke bambanta na yanzu da tsohon naɗi in ba kasancewarka a ciki ba. Mu da muke gaskata bidiyo a matsayin hujja a kullum, wannan ya fi shafarmu fiye da mutanen 1970. Game da ɗakin gwaji kuma, Malam, mai bincike sakamako yake nema ya rubuta, shi kuwa Nauman bai auna kowa ba, ya bar mutum da abin da ya ji a jikinsa.

Mai ɗaukar hoto: Batun akwatin da babu kowa hujja ce mai nauyi, Malama. Sai dai har yanzu ina da ja a kan wani abu: yawancin masu yabon aikin a hoto da rubutu suka san shi, ba su taɓa shiga lungun ba. Idan duk darajarsa tana cikin abin da jiki ke ji, da wace hujja wanda bai shiga ba zai yabe shi?