Gardamar zauren gidanmu kan tsibiran da kwana ɗaya ke cin shekara

Bappa Umaru: Salamu alaikum. Ku saurari muryar da na turo. Mutumin ya ce akwai wasu tsibirai a jere a tsakiyar teku, kowanne da tafiyar lokacinsa. A na ƙarshen, in ka kwana ɗaya ka dawo sai ka tarar an yi shekara. Wai masunta sun yi wata biyu a can, suka dawo suka samu 'ya'yansu da furfura. Ikon Allah!

Adda Hauwa: Wa alaikumus salam. Bappa, ai bai faɗi sunan tekun ba, balle na tsibiran. Wannan da "ga ta nan ga ta nan ku" ya kamata ya fara.

Bappa Umaru: Ke dai ba kya rabo da musu. To ni na san biyu. Dayomid Babba na Rasha da Dayomid Ƙarami na Amurka, tsakaninsu bai kai kilomita 4 ba, amma ɗaya ya riga ɗaya da awa 21. Kana tsaye a Litinin kana hango Talata da idonka. Wannan ma tatsuniya ce?

Hamma Bello: Allah ya ƙara girma Bappa, wannan kam gaskiya ne, amma ba shi mai muryar yake nufi ba. Layin canjin kwanan wata ne ya ratsa tsakaninsu, kuma mutane ne suka shata shi a taswira. Rana ɗaya ce ke fito musu tare. A 1987 wata Ba'amurkiya, Lynne Cox, ta yi iyo daga ƙaramin zuwa babban cikin awa biyu da 'yan mintuna. A kalanda ta shiga gobe, a jikinta kuwa awa biyu ta ƙara, sai sanyin da ta kwasa.

Goggo Asabe: Ni abin da na sani, da azumi mu a Jekadafari nan Gombe har mun sha kunu mun yi sallah, in na kira Maryam a Sakkwato sai ta ce su ba a kira ba tukuna. Ina jin ƙarar ludayi tana dama kunun. Kuma agogonmu ɗaya da ita.

Hamma Bello: Yawwa Goggo, kin kawo misalin da ya fi nawa. Gombe ta fi Sakkwato gabas, shi ya sa rana kan riga faɗuwa a nan da minti ashirin da wani abu. Amma Maryam ba ta fi ki jinkirin tsufa ba.

Goggo Asabe: Wa ya ce maka na tsufa?

Malam Sani: Bello, a bi a hankali. Ashabul Kahfi sun yi shekara 309 a kogo, suka farka suna cewa yini ɗaya suka yi ko sashen yini. Wanda aka ba da labarinsa a Baƙara ya yi shekara 100, abincinsa bai lalace ba, jakinsa kuwa ya zama ƙasusuwa. Wuri ɗaya fa, abinci da jaki. Kada boko ya sa mu ce ba zai yiwu ba.

Adda Hauwa: Malam, babu mai musun wannan. Amma aya ce Allah ya nuna a kan bayinsa, ba halin kogon ba ne. Da halin wurin ne, duk makiyayin da ya fake wa ruwa a ciki sai ya fito bayan ƙarni. Mai muryar nan cewa yake yi kowa ya hau kwalekwale ya je zai samu.

Malam Sani: Nan kam kin yi gaskiya. Ni dai kalmar "ba zai yiwu ba" ce ba na so.

Hamma Bello: Ni ma ban faɗe ta ba. Hasali ma abin da nake koya wa ɗalibai ke nan: lokaci ba ya tafiya daidai a ko'ina. Einstein ya nuna cewa gudu da ƙarfin jan ƙasa suna taɓa shi. Taurarin GPS suna sama da mu da kusan kilomita 20,000, kuma agogonsu kan riga na ƙasa da kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa ɗaya kullum. Ba don ana gyara wannan ba, taswirar wayarka za ta riƙa kaucewa da kusan kilomita 10 a yini. Ka nufi Pantami ta kai ka daji.

Bappa Umaru: To ka gani! Ka zagaya ka dawo kan maganata.

Hamma Bello: A'a Bappa. Nawa ko ƙiftawar ido bai kai ba, naka shekara ce sukutum. Jan da zai mayar da kwana shekara, kafin ya taɓa agogo ya niƙe masuncin da kwalekwalensa. Kuma tsibiran duka a bayan ƙasa ɗaya suke zaune, bisa ruwa ɗaya.

Bappa Umaru: Ƙanƙani ko babba, bambanci dai bambanci ne. Jiya-jiyan nan da an ce maka agogon sama ya fi na ƙasa sauri dariya za ka yi.

Sadiya: Ku yi haƙuri in sa baki. Ni labarin ya burge ni ko da ƙirƙira ne. A ce mai bin ka bashi yana tsibirin farko, kai kana na ƙarshe.

Adda Hauwa: Ai kin shiga uku, kwana ɗaya za ki yi ki tarar wa'adin shekara ya cika.

Hamma Bello: Ga ma wanda ya faru da gaske. Ƙasar Samowa ta tsallaka wancan layin a 2011 don ranakun kasuwancinta su dace da na Ostireliya da Niyu Zilan. Suka kwanta Alhamis 29 ga Disamba, suka tashi Asabar 31.

Goggo Asabe: Juma'ar fa?

Hamma Bello: Babu ita Goggo, an cire.

Bappa Umaru: Malam Sani, ga taka. Musulmin da ke can a makon nan, Juma'a ta faɗi a kansa ko Asabar ɗin ce Juma'arsa?

Malam Sani: Bappa, an kira la'asar. Kada kowa ya yi mini fatawa kafin in dawo.