Me za mu kira "encroachment" a filin reluwe?

Jama'a, ku taya ni neman kalma. Takardun shari'a kan filayen bakin dogo da Turanci suke zuwa, kuma encroachment ce kalmar da ke cikinsu. Cikin masu karanta wa dattijo takarda a Sabon Garin Zariya, wannan ya ce kutse, wancan ya ce mamaya, wani ya ce ƙwace. Mutumin da gidansa ke kan siraɗi ya kamata ya san takamaimai abin da ake tuhumarsa da shi.

Kutse ita 'yan jarida suka fi so, amma ba ta kwanta mini ba. Mai kutse ya san ba wurinsa ba ne, ya faɗo ba sallama. Mamaya kuwa ta mayaƙa ce, da ƙarfi, a rana ɗaya. Filin reluwe ba haka yake tafiya ba. Mai shayi zai kafa tebur, baɗi ya zama rumfar langa-langa, wata shekarar a jera bulo layi uku, sai a yi rufi. Kafin ka ankara dillali ya sayar wa wani da takardar ciniki da shaidu, shi kuma ya rasu ya bar wa marayu. Wannan maraya ne za mu kira ɗan kutse?

Ni dai "cin iyaka" nake gani. Manomi ya san ta: maƙwabci yana ƙara kunya ɗaya duk damina, har ya wuce gambar da aka dasa a tsakani. A hankali ake yi, kuma ba a yanke hukunci sai an je an nuna inda iyakar take.

Nan ne ma gizo ke saƙa. Dogo ya iso Zariya a 1911, a aikin layin Baro zuwa Kano. Daga nan aka ja ƙaramin layin da ya nufi Jos domin kuza, wanda aka rufe a 1957, aka kuma ja na Gusau da Ƙauran Namoda da ya kammala a 1929. Zariya mahaɗa ce, shi ya sa filin ke da yawa: tasha, rumbuna, gidajen ma'aikata, da gefen layi dama da hagu. Hukumar jiragen ƙasa ta Najeriya, da aka kafa a 1955, ita ta gaje shi. Dokar amfani da ƙasa ta 1978 ta damƙa filayen jiha a hannun gwamna, amma sashe na 49 ya keɓe abin da Gwamnatin Tarayya da hukumominta suke riƙe da shi tun kafin dokar. Saboda haka mutum zai iya shiga kotu da takardar jiha a hannu, lauyan reluwe ya buɗe tsohuwar taswira ya ce wurin bai taɓa zama na gwamna ba balle ya bayar.

Wani ɗan'uwa ya rubuto cewa cin iyaka ta yi sauƙi da yawa, don akwai masu kuɗin da suka san komai suka yanka fili sukutum suka gina shaguna. Gaskiyarka, Malam. Wannan a kira shi handama, ba na jayayya. Amma kada a haɗa shi da mai rumfa a kalma ɗaya. Haka wanda ya karɓi haya daga kamfanin kula da kadarorin reluwe da ke Kaduna: in wa'adinsa ya ƙare bai tashi ba, rigimar haya ce, bai ci iyakar kowa ba.

Wani malamin zaure kuma ya kawo mana abin da ya fi burge ni. Ya ce a fiƙihu akwai harimi, wato sararin da ake bari kewaye da rijiya ko kogi, ba mai gini a ciki domin amfanin jama'a. Allah ya gafarta Malam, ka warware mana right of way ke nan, wato gefen layin da ake bari ba gini: harimin dogo. Jirgi ba ya tsayawa nan take in ya ga mutum, kuma in tarago ya goce, ɗakin da ke manne da layi shi zai fara samu.

To ga inda muka tsaya: cin iyakar filin reluwe ga mai matsowa sannu a hankali, handama ga mai yanka da gangan, harimin dogo ga gefen layin da ba a taɓawa. Masu tafinta a kotu da ma'aikatan rediyo da ke cikinmu, ku gwada su a bakin aiki, ku faɗa mana ko mutanen Tudun Wada da Samaru sun gane ba tare da ƙarin bayani ba.