Ta wace hanya mai jifa a wasan besbol ke kaiwa babbar gasar Amurka?

Ɗan Samaru: Assalamu alaikum. Ƙanena ɗalibi ne a nan Zariya, kuma ya shaƙu da kallon besbol a intanet. Ina roƙon masana su bayyana mana matakan da mai jifa, wato ɗan wasan da ke jefa ƙwallo ga mai bugu, ke bi kafin ya shiga MLB, babbar gasar besbol ta Amurka.

Malam na Tudun Wada: Wa'alaikumus salam. Yawancin 'yan Amurka suna farawa ne daga sakandare ko jami'a, sannan ƙungiyoyi 30 na gasar su zaɓi waɗanda suka yi fice a zaɓen watan Yuli, wanda tun 2021 aka mayar da shi zagaye 20. Wanda aka zaɓa yakan shafe shekaru yana hawa ƙananan gasanni, daga Single-A har Triple-A, inda ake duba ƙarfin jifansa da iya saiti daga nisan kusan mita 18. Paul Skenes, da Pittsburgh Pirates ta ɗauka a 2023, ya iso a 2024, amma irinsa ba su da yawa.

Yayar Sabon Gari: Malam, a ƙara da batun rauni, domin jijiyar gwiwar hannu ce ke yawan katse wa masu jifa hanzari. Tiyatar gyaran wannan jijiyar, da ake kira tiyatar Tommy John, wadda aka fara yi a 1974, takan zaunar da ɗan wasa shekara guda ko fiye.

Ɗan Samaru: Na gode, Yaya. To ɗan Afirka fa?

Malam na Tudun Wada: Idan ba a Amurka ko Kanada yake zaune ko karatu ba, ba ya shiga zaɓen, yarjejeniya ake ƙullawa da shi kai tsaye daga shekara 16. Amma Tayler Scott na Afirka ta Kudu, wanda ya yi sakandare a Amurka, ta zaɓen ya bi, kuma ya fara jifa wa Seattle Mariners a 2019.