Musayar waƙa: Tafarkin Haɗiya

Ɗan Ƙishirwa:
'Yan'uwa, ga wata falsafa da na ƙago a raina, na sa mata suna Tafarkin Haɗiya. Ba addini ba ce, ba kuma wani malami ya koyar da ita ba. Tambaya ce da ta hana ni barci, mai amsa ya ba ni da baiti.

Tushen duhun zuci na gano shi,
Ni nan, abu can, ba ma haɗuwa.

Ido yana hange ne kurum,
Harshe da ciki su ke shaidawa.

Jariri kafin ya san kalma,
Komai ya samu baki yake kaiwa.

In na ci hatsi ya zama jinina,
Ni da shi babu sauran rabuwa.

To in na haɗiye kogi da dutse,
Da taurarin dare masu haskawa,

Me zai rage da ban san shi ba?
Ran nan basira take buɗewa.

Ku dubi tsutsar da ke cin ganye,
Dare da rana ba ta hutawa,

In ta ƙoshi ta rufe kanta a kwanso,
Ta fito malam-buɗe-littafi, sama take hawa.

Malam Dattijo:
Ɗana, na ji baitinka har zuci,
Ƙishin sani ne, ban raina shi ba.
Amma hatsin da ya zama jininka,
Ya daina zama hatsi, ba ka lura ba?

Ka ci tsuntsu ka san ɗanɗanonsa,
Kukansa na asuba ba ka ji ba.
Yadda yake saƙa sheƙa da baki,
Tumbinka bai taɓa gaya maka ba.

Tsutsarka ma ka bar rabin zance,
A cikin kwanso ba ta ci komai ba.
Jikinta ke narkewa a sake gini,
Fiffiken bai fito ranar ci ba.

Annabi, tsira da aminci gare shi,
Bai bar mu mu cika tumbi ba.
Kaso ɗaya ci, ɗaya sha, ɗaya numfashi,
Bai ce a toshe hanyar iska ba.

Yaya Mai Duban Taurari:
Ƙanena, wanda kake nema akwai shi,
Baƙin rami ne, can cikin samaniya.
Duk abin da ya gitta iyakarsa,
Har haske, ba shi da sauran hanya.

A 2019 aka nuna hoton ɗaya,
Na tarin taurarin M87, ga duniya.
Nauyin rana sau biliyan 6.5,
Wa zai yi gasa da shi a haɗiya?

Na zuba wa hoton ido na daɗe,
Zoben wuta ne, duhu a tsakiya.
Hasken da ke kewaye da bakinsa,
Na abin da bai haɗiye ba ne, gaskiya.

Ɗan Makiyayi:
Ɗan'uwa, bari in sauko da kai ƙasa,
Tsibirin Sent Matiyu, gefen Alaska.

A 1944 aka kai barewar ƙanƙara 29,
Ba kyarkeci, ba maharbi, ba mai yanka.

Suka bi gansakukar dutse suna ci,
Mai jinkirin tsiro, ba kamar shuka.

Kafin 1963 ta ƙare sun kai 6,000,
Suka share tsibirin, ci ya zama hauka.

Hunturu mai tsanani ya sauko,
Suka tona ƙanƙara, ba komai sai halaka.

A 1966 da aka koma ƙirga,
42 suka rage, ƙasusuwa ko'ina ka taka.

Ɗan Ƙishirwa:
Malam, Yaya, ɗan'uwa, na ji,
Ƙasusuwan nan sun tsaya mini a rai.
Amma ban yarda in sauka ba tukuna,
Don mai ƙin ci shi ma bai yi daidai.

Siddata Gotama, mai kafa addinin Buddha a Indiya,
Shekara 6 yana horon kai,
Har haƙarƙarinsa ana ƙirga su,
Hasken da yake nema bai kai.

Mabiyansa sun ce sai da ya karɓi
Shinkafa da madara a kasko ɗai,
Ƙarfinsa ya dawo, ya zauna gindin bishiya,
Sannan ya farka, duhu ya yaye sarai.

Malam Dattijo:
Ɗana, kai da bakinka ka faɗa,
Kasko ɗaya ya ci, bai nemi ƙari ba.
Tsaka-tsaki ya kira hanyar tasa,
Bai ce a haɗiye bishiyar ba.

Inna Mai Rabo:
Ɗana, ni ba ni da dogon karatu,
Na dai daɗe ina ganin masu yunwa.
Falsafarka ba a ranka kaɗai take ba,
Masu hali sun daɗe suna aikatawa.

Hukumar abinci ta Majalisar Ɗinkin Duniya,
A 2011 ta yi mana ƙiyastawa:
Kashi ɗaya cikin uku na abincin mutane,
Tan biliyan 1.3 a shekara, yana salwancewa.

Na ga yaro yana lasar murfin tukunya,
Uwarsa ta juya kai tana sharewa.
Kafin ka kai ga kogi da taurari,
Rabon yaron nan, shi ma za ka haɗa da shi kuwa?